Shekarar da Fadama Ta Tsage

Ovide Tregre bai iya doguwar magana ba, bai kuma ga amfaninta ba. In ka tambaye shi yadda ake dasa bishiyar sipre, wadda ke girma cikin ruwan fadama, shebur zai miƙa maka. Yana zaune da matarsa Verna a gidan katako mai dogayen ƙafafu, a bakin fadamar da ke kudu da tafkin Maurepas a jihar Luwiziyana ta Amurka. Ya yi aikin walda a wata masana'anta ta bakin kogi har idonsa ya gaji, aka sallame shi. Amma mu ba da walda muka san shi ba. Da bokitai muka san shi.

Bayan gidansa bokitai ne jere, na fenti, na man mota, da gangunan da ya raba biyu da wutar walda. A cikin kowanne akwai ɗan itace siriri mai ganye kamar gashin tsuntsu. Dukkansu uwarsu ɗaya, wata bishiya da ke can cikin fadama, wadda kowa ke kira Tsohuwa.

Gindin Tsohuwa ya buɗe kamar ƙararrawa, mutum shida ba sa zagaye shi da hannu. Saiwoyinta sun turo kai daga cikin ruwa kewaye da ita, tsini-tsini, abin da muke ce wa gwiwoyi. Tsawa ta taɓa fille mata kai, ta sake yin wani a karkace. Ita kaɗai ta rage daga cikin manyan da, kuma ba don tausayi aka bar ta ba.

Uban Ovide, Telesphore, mai saran katako ne. Yadda suke yi a zamaninsu, da kaka sai su shiga da kwalekwale su sassaƙe wa bishiya ɓawo kewaye, kamar an sa mata zobe. Ta bushe a tsaye, nauyinta ya ragu, don ɗanyar sipre nutsewa take yi. In ruwa ya cika sai a kayar, inji ya jawo gungumen da igiyar ƙarfe zuwa babbar hanyar ruwa. Kowane gungume yana tafe yana kartar ƙasa, har wurin ya zama kwalbati. Kwalbatocin suna nan har yau, sun miƙe daga tsakiyar fadama zuwa tafki. Ovide ya riski ƙarshen aikin yana saurayi. Yana wurin ranar da ubansa ya bugi Tsohuwa da ƙeyar gatari, ta amsa kamar ganga. Kogo ce a ciki, ba katakon da za a samu. Telesphore ya tofa yawu ya wuce ta gaba.

Ovide bai taɓa cewa yana shuka ne don ya biya abin da aka sare ba. Aiki ne aka ba su suka yi, suka ci abinci da shi. Abin da ya dame shi ɗaya ne: Tsohuwa ba ta da ɗa ko guda a tsaye cikin fadama, kuma yana so ya ga ta samu kafin ɗayansu ya tafi.

Wanda bai san sipre ba zai ɗauka tunda a ruwa take zaune, a ruwa take haihuwa. Ba haka ba ne. Babba tana iya shekaru da ƙafarta cikin ruwa. Amma irin ba ya tsirowa sai ya taɓa laka mai danshi wadda ruwa ya janye daga kanta. In ya tsiro kuma sai ya yi tseren tsawo da ruwa, don in ruwa ya dawo ya rufe masa kai ya daɗe, ya mutu. A zamanin Telesphore fadama takan bushe bayan 'yan shekaru, ƙasa ta tsattsage, tsiro ya fito kamar an watsa. Tsohon ya sha gaya wa ɗansa cewa ranar da ya ga ƙasar fadama ta tsage, kada ya bar iri ko ɗaya a gida, don ba a san ranar da za ta sake ba.

To, an yi wa babban kogin da ke ratsa yankin bango hagu da dama, ya daina malalowa ya kawo laka. Ƙasa ta riƙa nutsewa a hankali. Ruwa ya shiga fadama ya zauna. Kowace shekara Tsohuwa ta zubar da 'ya'yanta, agwagin daji da kurege su ci rabonsu, saura su yi ta yawo a kan ruwa har su ruɓe.

Shi ya sa Ovide ya koma ɗebo su da hannu. Farkon Nuwamba, lokacin da iyalai ke zuwa maƙabarta su shafa wa kaburbura farar ƙasa, ganyen sipre yakan koma ja kamar tsatsa kafin ya zube. Da an gama shafe kabarin Telesphore sai ya ja kwalekwale ya tafi wurin Tsohuwa da doguwar gora. 'Ya'yan ƙwallaye ne ƙanana masu danƙo. Danƙon ba ya fita da sabulu, Verna ta yi ta mita a kan riguna har ta ware masa guda biyu ta ce ya ƙarata da su. Ya farfasa ƙwallayen, ya jiƙa irin a baho ya bar shi ya sha sanyin hunturu, da bazara ya shuka a bokiti.

A shekarun farko ya yi ta kai dashe fadama. Yana tsaye ruwa har cinya, yana cusa saiwa cikin taɓo da ƙafa. Gafiyar ruwa mai jan haƙori ta bi bayansa tana tumɓukewa, ta ci gindin ta yar da sauran. Ya kewaye su da ragar kaji, ta haƙa ta ƙasa. Waɗanda suka tsira daga gafiya, ruwan guguwa ya rufe su. Ƙalilan sun tsaya shekara uku ko huɗu ba su ƙara ko taƙi ba, sannan suka bushe. Daga nan ya daina kaiwa. Ya ci gaba da shukawa a gida, in itace ya fi ƙarfin bokiti ya mai da shi ganga. Yana jiran shekarar da ubansa ya faɗa.

Ƙanin Verna, Norris Poche, mai kamun ƙaguwa ne, kuma bakinsa ba ya hutawa. Duk Lahadi bayan coci yakan zo cin miyar kuɓewa da shinkafa, ya leƙa bayan gida ya gaida bokitai ɗaya bayan ɗaya.

Yakan ce, "Sarkin bokiti, yaya talakawa? Yaya Verna, mijin nan naki fa ya fi kowa 'ya'ya a garin nan, ga shi ba wanda ya iya tafiya a cikinsu."

Ovide ya ce, "Ci abincinka."

"Ina ci. Amma in ka mutu ni ba zan yi ban ruwa ba, ka sani tun yanzu."

Shekarar ta zo ana gab da shiga shekara ta dubu biyu. Ruwan sama ya ɗauke tun bazara, kaka ta wuce ba a ga wani abin kirki ba. Rake ya ƙi tsawo, shanu suka rame, kowa na kuka da fari. Ovide kuwa kullum da safe yana bakin fadama yana duba wani turke da ya kafa. Ruwa ya sauka daga cinya zuwa gwiwa, daga gwiwa zuwa idon sawu. Wata rana kwalekwale ya ƙi tafiya, ya zauna a kan taɓo. Bayan 'yan makonni Ovide ya taka da ƙafa har gindin Tsohuwa, abin da bai taɓa yi ba tun da aka haife shi. Ya ga gwiwoyinta tsirara har ƙasa. Ya shiga kogon ya tsaya, ya ga sama ta ramin da tsawa ta bari.

Ya dawo gida da ɓallin busasshiyar laka, ya ajiye a kan teburin cin abinci. Verna ta dubi lakar, ta dube shi. Ba ta tambayi ma'anarta ba, shekara arba'in tana jin labarin.

Ta ce, "Duka za ka kai?"

"Duka."

Ta kira shi da sunan 'yarsu, ta ce, "Baban Arlene, ka bar rabi a gida. Bokiti ba ya cin abinci."

Ya ce ubansa bai ce rabi ba. Ya ce shi ma ba yaro ba ne, in ya bar rabi wa zai kai su, kuma yaushe? Verna ta kwashe lakar ta goge tebur.

Lahadin nan Norris ya zo da kifi a cikin kwando, yana ta washe baki. Ba tarwaɗa ba ce. Kifin teku ne mai ɗigo-ɗigo, irin wanda sai an yi tafiya mai nisa kudu ake samu. Ya ce a bakin babbar hanyar ruwa ya kama su, ƙaguwa ma ta yi yawa har ya rasa kwando. Sai kuma ya daina dariya.

Ya ce, "Yaya, na wanke fuska da ruwan tafki jiya, ido ya yi min zafi. Zartsi ne zalla. Kogunan da ke tura gishiri baya duk sun ƙafe."

Ovide ya ce tafki daban, fadama daban. Tafkin ya ja baya, ko kusa da wurin dashensa bai kai ba.

"Na ji. Amma ruwan da zai dawo fadamar nan, daga ina zai zo?"

"Daga sama."

"In bai zo daga sama ba fa?"

Ovide ya ci gaba da cin abincinsa. Ya san gishiri na kashe sipre, ba wanda zai koya masa wannan. Amma a duk labaran ubansa, fari yakan ƙare da ruwan sama, fadama ta cika da ruwan daɗi. Bai taɓa jin ta cika ta wata hanya ba. Telesphore bai yi masa ƙarya ba. A zamanin da tsohon ya koyi abin, ƙasa tana da tudu, kuma ba a riga an karta mata kwalbatoci har bakin tafki ba.

Da hunturu ake dashe, lokacin da itace ya zubar da ganye yana barci. Ovide ya shimfiɗa katakai a inda ƙasa ke da laushi, ya riƙa tura baro. Ganga guda tana kai nauyin mutum. Ya kai, ya haƙa, ya zare itacen, ya warware saiwoyin da suka nannaɗe, ya binne, ya taka, ya sa raga. Verna da ta ce a bar rabi ita ce ta riƙa yanka ragar har hannunta ya yi kanta. Norris ya zo ya ce shi kallo kawai ya zo yi, ya ɗauki shebur, bai ajiye ba sai da aka gama. Bayan gida ya zama fili, sai zagaye-zagayen da gindin bokitai suka bari a kan ciyawa.

Da Maris ya kama, ganye ya fito. Duk wanda ya ga sabon ganyen sipre ya san irin korensa, mai laushi, kamar hayaƙi a jikin reshe. Dashen Ovide sun kama kusan duka. Sannan ga wani abin da bai shuka ba: ƙarƙashin Tsohuwa da kewayenta, cikin tsagogin laka, tsiro ya fito da kansa, dubbai, har ba wurin sa ƙafa. Ya je ya kirawo Verna ya nuna mata. Ya tsuguna ya daɗe yana kallo. Verna ta ce ranar ce kaɗai ta ji shi yana yin fito a hanyar dawowa.

Ruwan sama bai zo ba. Hadari yakan taso da yamma ya yi ta gurnani ya watse. Tsiron ya kai taƙi, ya kai kamu, ƙasa na daɗa bushewa a ƙarƙashinsa.

Da zafi ya tsananta sai iska ta juyo daga gabas, ta yi kwanaki tana busawa ba hutawa. Irin wannan iskar tana tara ruwan teku ta tura shi cikin tafki, tafki kuma ya nemi inda zai zuba. Ba guguwa aka yi ba, ko kwanon rufi ɗaya bai ɗaga ba. Ovide ya fita da safe ya tarar kwalbatocin gungume sun cika, ruwa yana silalowa cikin fadama a hankali, garai-garai, yana cika tsagogi. Ya sunkuya ya tsoma yatsa ya kai baki. Ya tofar.

Bai tsaya jimami ba. Ya cika buhuna da yashi ya toshe kwalbatin da ya fi kusa. Ruwan ya zagayo ta na gaba. Ya toshe wannan ma, ya ɓullo ta na uku. Kwalbatocin sun fi ƙarfin lissafi, shi da ubansa da sauran mutane suka ja gungume ta cikinsu, ya san ba su da iyaka. Sai ya koma ɗora gangunan ruwan rijiya a kwalekwale, yana zubawa a gindin manyan dashe. Norris ya taya shi yini guda, da yamma ya zauna a bakin kwalekwale ya cire hula.

Ya ce, "Yaya, tafki guda muke faɗa da shi da bokiti."

Ovide ya ce, "Miƙo min wancan."

Norris ya miƙa. Bai sake tsokanarsa da bokiti ba har abada.

Iska ta kwanta, ruwan ya tsaya a idon sawu, rana ta yi ta shansa tana barin gishirin. Ƙananan tsiron su suka fara tafiya, suka kwanta kamar an zuba musu tafasasshen ruwa. Sannan dashen. Ganye ya fara ƙonewa daga baki. Wata safiya a watan Yuli Verna ta fito baranda da kofi, ta ga bakin fadama ya yi ja, ja mai kyau irin na lokacin shafe kaburbura. Ta buɗe baki za ta ce kaka ta yi sammako bana, sai ta ga fuskar mijinta, ta haɗiye maganar. Can nesa, sama da sauran itatuwa, karkataccen kan Tsohuwa ma ya yi ja.

Ruwan sama ya zo daga baya, da yawa, har da ambaliya a kan titi. Fadama ta cika ta koma yadda take.

Abin da ke wahalar da mai sipre shi ne, da hunturu matacciya da rayayya kamarsu ɗaya, duk sanda ce tsirara. Don haka Ovide ya jira. Norris ya ce ya taɓa ganin wadda ta makara har Mayu sannan ta yi ganye, wataƙila gaskiya ya faɗa, wataƙila don ya ce wani abu ne. Maris ya wuce. Afrilu ya wuce. Ovide ya ɗauki wuƙa ya bi dashen ɗaya bayan ɗaya yana kankare ɓawo, yana neman kore a ƙarƙashi. Ko'ina ruwan ƙasa. Ya bar Tsohuwa sai ƙarshe. Reshe guda na gefen yamma ya fitar da ɗan ganye a shekarar, bai yi 'ya'ya ba. Shekarar da ta biyo, ko ganyen babu.

Ya kwance ragar kaji ya naɗe ya kawo gida, don raga ba abin yarwa ba ce. Ya wanke bokitai ya kifa su a ƙarƙashin gida. Wasu suka ce masa ai ana sayar da dashen sipre a gari, wasu ɗalibai ma suna rabawa kyauta. Ya ce su dasa, Allah Ya ba da sa'a. Da Nuwamba ya shafe kabarin ubansa da farar ƙasa kamar kullum, ya dawo gida ya zauna.

Akwai guda da ta rage. Shekaru kafin farin, 'yarsu Arlene ta yi sabon gida a wata unguwa a birnin Baton Rouge, Verna ta ba ta wata 'yar karkatacciya da Ovide ya ware ya ce ba za ta yi ba. Arlene ta dasa ta a gaban gida, tsakanin titi da wurin ajiye mota. Sipre ba ta ƙin busasshiyar ƙasa in an dasa ta, sai ta yi ta girma, ta wuce rufin gidan. Verna ta yi ta lallashinsa har ya yarda suka je.

Arlene ta kama hannunsa ta kai shi gindin bishiyar. Ta ce, "Baba, ga 'yar Tsohuwa. Ka ga ba duka suka tafi ba."

Ya zagaya ta. Ya taɓa ɓawon. A cikin ciyawa ya ga wasu fararen tabo a jere, ya sa ƙafa ya taɓa. Gwiwoyi ne, an aske su daidai da ƙasa. Mijin Arlene, mutumin kirki ne ba ruwansa, ya yi bayani cewa suna lalata masa injin yankan ciyawa, shi ya sa yake sare su da zarar sun leƙo. Ƙwallayen kuma yakan share su ya zuba a shara, don danƙon yana ɓata fentin mota.

Ovide ya ce, "Ta yi kyau."

A mota Verna ta ce ai da ya ɗebo 'ya'yan, lokacinsu ne, bokitai na nan. Sai da suka hau babban titi sannan ya ce, "In shuka su in kai su ina?"

Inda ya yi dashe yanzu ruwa ne da ciyawa mai yawo, gafiya na kiwo a kai. Ovide ya rasu bayan 'yan shekaru, ciwon huhu, aka yi masa akwati da katakon kanti. Verna ta koma wurin Arlene. Norris ya sayar da kwalekwalen, bokitan kuwa ya kwashe yana zuba abincin tarkon ƙaguwa a ciki.

Tsohuwa tana nan tsaye. Ɓawon ya zube, ta yi fari fat, shaho na sauka a kanta. Katakon sipre ba ya saurin ruɓewa, don shi aka sare 'yan uwanta tun farko. Masu kamun ƙaguwa suna amfani da ita wajen gane hanya in hazo ya rufe tafki.